Sunan da Iya Ba Ta Faɗa

Hillat Mati,
kusa da Abu Na'ama,
ranar Asabar.

Zuwa ga ƙawata Malak,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata takardar nan za ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da maigidanki Kamal da 'yar jaririyarku Sabah. Ya sanyin Alƙahira? Ya aiki? Mu nan lafiya lau muke, alhamdu lillahi. An gama yankan riɗi, dawa ta kusa nuna, kogi kuma ya fara ja baya.

Kin ce in riƙa rubuto miki da Hausa saboda taki ta fara tsatsa, to ga shi nan. Inda duk kika kasa ganewa kada ki kira ni, ki tambayi Hajiyarku, ita ma ta ga aikin hannunta. A kwamfuta nake rubutawa in ajiye. Ranar da shabakar waya ta ga dama ta leƙo garinmu, sai in je bakin gadar ruwa in ɗaga waya sama in tura miki.

Barnamaj ɗin haɗa sauti da hoto da kika turo ya iso, na saka shi, kuma Allah ya saka miki da alheri. Ban san irin wahalar da nake sha ba sai da ta ƙare. Kin tuna lokacin da muke koyon aikin nan a Madani, yadda za mu zuba wa bakin mutum ido, mu ja sauti gaba, mu ja shi baya, har sai maganarsa ta zauna daidai a kan leɓensa? Haka na yi ta fama da bikin ɗiyar Alamin mai kanti, har idona ya fara ganin mutane bibbiyu. Yanzu kuwa sai in zuba masa hoton kyamara da sautin rakoda, in danna, in je in ɗora jabanar gahawa. Kafin ta tafasa ya gama. Na gwada yi wa Iya bayani, na ce kyamara tana da nata ɗan kunne mai rauni, rakoda tana da kunne mai kyau, shi kuma barnamaj sai ya saurari su biyun, ya nemo inda suka ji abu ɗaya, ya ɗora su a kan juna. Iya ta ce ashe makana har sulhu ta iya. Ita duk abin da ake jona wa wuta makana ne a wurinta, tun daga injin ban ruwa har zuwa wayata.

Yanzu ga ainihin abin da ya sa na zauna rubutu. Yayana Abdussalami, wanda ba ki taɓa gani ba sai a hoto, shi ne mai tuƙin motar ruwa a Jidda, ya roƙe ni in ɗauko masa gida a bidiyo. Ya fi shekara goma bai tako nan ba. Kullum da dalilinsa: bana takardun zama, baɗi maigida bai ba da hutu ba. Ni dai na daɗe da sanin ba takardu ba ne.

Ku 'yan Madani kun watsar da abin da zan gaya miki. Da idona na ga Hajiyarku ta kira babban yayanki da sunansa, ta rungume shi a bakin titi, har ni na ji kunyar ta kama ni. Mu nan ba haka ba ne. Yaya shi ne ɗan farin Iya, saboda haka tun ranar suna bakinta bai taɓa furta sunansa ba. Ana yaye shi aka miƙa shi ga ƙanwarta, Inna Sabuwa. Ita ma da ta haifi nata na fari, Abdulwahab, aka kawo wa Iya. In dole ta kama Iya ta ambaci Yaya, sai ta ce "na Sabuwa", ko "wancan na Jidda". In ya bugo waya, gaisuwa biyu ta miƙo mini wayar kamar tana ƙona mata hannu. Ya san al'ada ce. Amma ya yi karatu a Sinja cikin 'ya'yan Larabawa, ya ga yadda iyayensu mata ke yi da su, kuma sanin nan nasa bai taɓa sauka daga kansa zuwa ƙirjinsa ba. Ya taɓa ce mini ni ce mai uwa, shi Inna Sabuwa yake da ita. Da dariya ya faɗa, amma maganar ta daɗe tana yi mini ciwo.

To sai na ce zan ɗauko masa abin da ya fi kama da gida, wato dakan Iya da Inna Sabuwa. Tun da aka kawo injin niƙa turminmu ya zama wurin kwanan kaji, sai da muka kore su muka wanke shi. Tsofaffin nan biyu suna da wata waƙar daka tasu ta kansu, tun suna amare suka ƙirƙire ta. Layi ɗaya ne suke ta karɓe-karɓe. Iya ta ce, "Gero na turmi, ɗa na hanya, Allah maido Abdulwahabu gida." Sai Inna Sabuwa ta karɓa da irin wannan muryar, "Gero na turmi, ɗa na hanya, Allah maido Abdussalami gida." Kin gane dabarar? Kowace tana roƙa wa ɗan 'yar'uwarta, ba wadda ta faɗi sunan nata, kuma duka biyun sun samu addu'a. Muryarsu kuwa ɗaya ce sak. Marigayi Baba ya sha amsa wa Inna Sabuwa ta bayan danga yana tsammanin matarsa ce.

Jiya da hantsi muka yi ɗaukar, a ƙarƙashin rumfar tsakar gida. Na rataya rakoda a jikin ginshiƙi dab da kawunansu. Kyamara kuma na kai ta can bakin danga, don Inna Sabuwa in ta ji daɗi tana jefa taɓarya sama ta tafa hannu kafin ta cafe, ni kuma kyamara ɗaya gare ni. Na tuna da abin da kika ce, in tafa sau ɗaya a gaban kyamara kafin a fara don a samu alama. Na tafa. Matan maƙwabta da suka taru suka ɗauka umarni ne, kowace ta hau tafi. A tsakiyar waƙar batir ɗin kyamara ya mutu, na canza da sauri na ci gaba. Rakoda ba ta tsaya ba, su ma ba su tsaya ba, don ba wanda ya isa ya tsayar da tsofaffi biyu da waƙa ta yi wa daɗi. Har jakin maƙwabcinmu Mato ya zo ya ɗora haɓarsa a kan danga yana kallo, kuma ya fito a hoton fiye da wasu mutanen.

Gobe zan ba barnamaj ɗinki aikinsa. Ki gai da Kamal, ki sumbaci Sabah a madadina. Iya tana gaishe ki, ta ce yaushe za ki kawo jikarta ta sha fura.

Taki har kullum,
Huda.


Hillat Mati,
ranar Alhamis.

Malak ƙawata,

Assalamu alaikum. Ina fata kuna lafiya, ke da mutanen gidan duka. Ya haƙoran Sabah, sun fito ko har yanzu tana hana ku sakat? Mu nan jiki lafiya, amma ni hankalina ba a kwance yake ba, kuma barnamaj ɗinki yana da hannu a ciki.

Na zuba masa kayan, ya haɗa, ya nuna mini koren launi alamar komai ya zauna. Na kalli farkon, na ga taɓarya tana sauka tare da ƙararta, bakin Iya yana tafiya tare da muryarta. Ana haka sai aka yi ta kiran juna a unguwa cewa shabaka ta zo. Kin san yadda take, in kika ce bari ki sa takalmi ta tafi. Yaya kuma ya ishe ni da saƙo. Na fitar da fim ɗin, na ruga bakin gada na tura masa, ban kalli rabin ƙarshen ba.

Washegari da safe ina shara ya kira. Na ɗauka na yi sallama, na ji shiru, sai numfashi. Na zaci wani ne ya rasu. Can sai na gane kuka yake yi. Malak, mutumin da furfura ta fara fito masa, wanda ko ranar da na gaya masa rasuwar Baba bai bari na ji kukansa ba. Da kyar ya iya magana, kuma da Larabci ya yi ta, don Hausarsa takan gudu in zuciyarsa ta cika. Ya ce ta faɗa. Ya ce Iya ta faɗi sunansa, ba sau ɗaya ba, da bakinta, tana roƙon Allah ya maido shi gida. Ya ce ya tsayar da motar ruwan a gefen hanya ya yi ta maimaitawa har maigidansa ya kira yana neman sa. Ya ce ya riga ya nemi hutu, kuma a wannan karon ba zai karɓi a'a ba.

Na koma ɗaki da gudu na buɗe. Wallahi haka yake. Bayan wurin da na canza batir, ga Iya lulluɓe cikin shuɗin tob ɗinta, ta ɗaga taɓarya, ta buɗe baki, kuma Abdussalami ne yake fitowa. Ga Inna Sabuwa tana kiran Abdulwahabu. Na ce ko dai daɗin waƙa ne ya ɗebe su suka manta, ni kuma ina fama da batir ban ji ba? Sunayen tsawonsu ɗaya, farkonsu ɗaya, kyamara tana nesa, hannuwa suna ta wucewa ta gaban fuska. Na kalla na sake kalla, ni ma na fara share hawaye.

Jakin Mato ne ya tona asiri. Ina cikin kallo sai na ga ya ɗaga kai daga kan danga, ya wangale baki, ya miƙa wuya, haƙarƙarinsa na motsi, amma ba a jin komai sai waƙa. Ya gama ya rufe bakinsa, ya mayar da haɓa kan danga kamar mutumin kirki. Sai a lokacin kukan ya ɓarke. Jaki yana tsaye baki rufe, kuka yana tashi. Na yi dariya har na faɗi a kan tabarma, sannan na gane abin da nake wa dariya, dariyar ta yanke.

Ga abin da nake jin ya faru, ke ce gwana, ki gyara mini in na yi kuskure. Kunnen kyamara daga bakin danga, ga iska, bai kama komai ba sai bugun turmi da tafin mata. Bugun nan kuwa duk iri ɗaya ne, na yanzu kamar na ɗazu. Guntun farko ya dace saboda akwai shiru da surutu kafin a fara. Guntun biyu a tsakiyar daka ya fara, sai barnamaj ya nemi inda bugu ya yi daidai da bugu, ya samu, amma ya zame da layi ɗaya cak. Muryar Inna Sabuwa ta faɗa bakin Iya, ta Iya ta faɗa bakin Inna Sabuwa. Shi dai ya ga taɓarya ta sauka tare da ƙara, ya kunna mini korensa. Ina zai san akwai sunan da wani baki ba ya faɗa?

Na ɗauki waya don in gaya wa Yaya. Kafin in buɗe baki ya fara tambayata wane launin tob Iya ta fi so, da lambar takalminta. Ya ce ranar da ya iso zai durƙusa a gabanta a gaban kowa ya yi mata godiya, kuma yana so in kafa farin ƙyalle a ƙofar gida a nuna wa duk gari. Na ce masa tana son shuɗi, na kashe wayar.

Kin ga inda nake. In na yi shiru, zai zo ya gode wa Iya a kan abin da ba ta yi ba, a gaban matan da suka san ta da kunya tun tana yarinya. Na san Iya, za ta ce ba ta faɗa ba, kuma a gaban mutane za ta ce. In kuma na gaya masa yanzu, ina tsoron ya mayar da hutun, mu sake jiran wasu shekaru goma. Ki rubuto mini da wuri. Ki gai da Kamal.

Ƙawarki da ta rasa abin yi,
Huda.


Hillat Mati,
ranar Litinin.

Malak,

Sallama da gaisuwa. Saƙonki ya iso, na gode. Na ji daɗi da zazzaɓin Sabah ya sauka, Allah ya ƙara sauƙi. Hausarki kuma ba ta kai lalacewar da kike faɗa ba, sai dai rabinta Larabci ne, ɗaya rabin kuma faɗa kike yi mini.

Na bi abin da kika ce a kan gyaran. Na cire guntun biyu daga hannun barnamaj, na nemo farkon kukan jakin a sautin rakoda, na nemo inda ya wangale baki a hoto, na ɗora su da hannuna kamar yadda muke yi a da. Nan take kowa ya koma bakinsa. Iya tana kiran Abdulwahabu, Inna Sabuwa tana kiran Abdussalami, jaki yana kukansa a kan lokaci. Na gaya wa Mato jakinsa ya yi aikin da tafina ya kasa, ya ce dama ya san dabbar nan tana da ilimi.

Amma ɗaya shawarar taki, cewa in bar Yaya da farin cikinsa tunda ba wanda ya cutu, ban iya bi ba. Ke kina tunanin Yaya, na gode. Ni a gida ɗaya nake kwana da Iya. Bakinta ne aka ara ba da saninta ba, kuma ita za a durƙusa wa.

Abdulwahab ya shigo daga Dinder ranar kasuwa da awakinsa, na fara gwadawa a kansa. Shi wannan ba abin da yake ɗauka da zafi. Da ya ga Inna Sabuwa tana kiran sunansa sai ya riƙe ciki yana dariya, ya ce in tura masa a waya ya riƙa tsokanarta da shi. Na hana. Da na gaya masa abin da ɗan'uwansa ya yi a gefen hanya a Jidda, sai ya daina dariyar, ya ɗauki igiyar awakinsa yana ta juya ta a hannu. Ya ce shi kullum yana ganin Inna Sabuwa, ya san cinyar kaza ba ta faɗa kwanonsa da kanta. Wanda ke nesa ba ya ganin kwano.

Jiya bayan la'asar na sami Iya ita kaɗai tana tsince riɗi. Na ajiye kwamfuta a gabanta, na ce makana ta yi ɓarna, ina so ta gani. Na fara nuna mata gyararren, ta yi murmushi, ta ce Sabuwa ta tsufa, taɓarya ta kusa faɗo mata a ka. Sannan na nuna mata na kuskuren. Da sunan ya fito daga bakinta sai ta yi salati, ta ja tob ta rufe fuska har ido, faifan riɗin ya karkace a cinyarta. Ta tambaye ni wa ya gani. Na ce Abdulwahab, da kuma wancan na Jidda. Ta tambayi abin da na Jidda ya ce. Na gaya mata duka, da kukan, da motar a gefen hanya, da hutun da ya nema, da tob ɗin. Na ƙara mata da maganar da ya taɓa yi mini, cewa ni ce mai uwa. Ban taɓa gaya mata wannan ba, kuma ban san ko na kyauta ba.

Ta tattara riɗinta ta shige ɗaki. Da aka raba abincin yamma, ƙonanniyar kisra ce ta zo gabana, kuma a gidanmu wannan hukunci ne. Yau da safe kuwa na tashi na tarar ta fitar da gadon Baba rana, tana sake masa igiya da kanta, ta aika a sayo sabuwar tabarma. Na tambaye ta ko baƙo za mu yi. Ta ce in kula da abin da ke gabana.

Yaya ya samu hutun. Zai sauka Khartum, ya hau mota zuwa Sinja, ni zan tare shi a can. Na yanke shawara zan gaya masa a hanya, bayan ƙafarsa ta riga ta taka ƙasar nan, kafin ta taka ƙofar gidanmu. Ki taya ni da addu'a. Ki gai da Hajiyarku in kun yi waya.

Taki,
Huda.


Hillat Mati,
ranar Lahadi.

Ƙawata ta kaina Malak,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Ina gaishe ki da kyau, ina gai da Kamal, ina gai da Sabah mai sababbin haƙora. Ya gida, ya aiki? Ki yafe mini jinkiri, gidanmu ya cika da mutane, ko wurin ajiye kwamfuta babu sai a kan buhun dawa.

Yaya ya iso. Ya yi ƙiba, ya yi furfura a gemu, yana tafiya irin ta Baba har na tsorata da na hango shi a tashar Sinja. Na sayo mana agashe muka shiga motar Abu Na'ama. Yana ta nuna mini wurare yana tambaya, ina bishiyar da ke nan, wa ya gina wancan. Jakar tob ɗin tana kan cinyarsa, ya ƙi yarda a ɗora ta a sama. Sai da muka hango kogi na iya buɗe baki. Na gaya masa komai, na batir, na bugun turmi, na layi ɗaya, har na jakin Mato, don na yi zaton zai sa shi dariya. Bai yi ba. Ya juya ya kalli taga. Can ya ce ba komai, dama abin ya yi masa kyau da yawa. Ya naɗe sauran agashensa a takarda bai ƙara ci ba. Malak, da ƙasa za ta tsage a lokacin da na shige.

A gida Inna Sabuwa ce ta tare shi tun daga bakin hanya da guɗa, ta riƙe fuskarsa da hannu biyu tana kiran sunansa har ta ƙoshi. Iya tana can ƙuryar rumfa ta juya gefe. Ya je ya durƙusa daga nesa ya gaishe ta, ta amsa wa ginshiƙin rumfa, ta tambayi ginshiƙin ya hanya. Ya ajiye jakar tob ɗin a gefen tabarmarta ya tashi. Bai yi maganar godiya ba, bai yi maganar farin ƙyalle ba. Na ji sanyi ba a yi abin kunya ba, amma na ga yadda kafaɗunsa suka sauka, kuma na ji ni na sauke su.

Washegari da hantsi, bayan masu zuwa sannu da zuwa sun ragu, Iya ta kira ni ɗakinta. Na tarar ta ɗaura sabon tob ɗin. Ta ce in ɗauko makana, in kira mata na Sabuwa, in rufe ƙofa. Ya shigo ya zauna a bakin ƙofa, ita tana kan gado ta ba shi rabin baya. A iya sanina wannan ne karo na farko da suka zauna a ɗaki ɗaya ba tare da dalilin rasuwa ba. Na buɗe gyararren fim ɗin. Ta ɗaga hannu ta tsayar da ni. Ta ce ba wannan ba, wancan na farin, mai jakin da ke kuka baki rufe.

Na kalle ta, na ce Iya, wannan ai shi ne na kuskuren, kuma ya riga ya sani. Ta ce ta san ya sani. Abin da ta faɗa bayan haka zan rubuta miki shi yadda ya fito daga bakinta, don ba na so in taɓa ko harafi ɗaya. Bango take kallo ta ce, "Ba ni nih hwaɗi ba, makana ta. Ita ko makana ba ta da ɗan hwari. Ki bar ta ta hwaɗi."

Na danna. Turmi ya fara, muka wuce wurin batir, Iyar cikin hoto ta ɗaga taɓarya ta roƙi Allah ya maido Abdussalami gida. Iyar kan gado ta ja tob ta rufe fuska, amma ba ta tashi ba, ba ta ce a kashe ba. Da layin ya ƙare, daga cikin tob ɗin na ji ta ce amin. A hankali ta faɗa, amma ɗakin ƙarami ne. Yaya ya sunkuyar da kai, hawaye na ɗiga a kan sabuwar tabarmar. Ni kuwa ban ga allon ba ma. Sai ga jakin Mato ya wangale baki shiru, ya rufe, kukan ya biyo baya, mu ukun muka fashe da dariya, har gadon Iya yana girgiza.

Da ya ƙare na kai hannu zan rufe kwamfutar. Iya ta ce wa ya ce in rufe, in maido shi baya.

Gyararren muka nuna wa gari a farin ƙyalle ranar Juma'a da magariba, kowa da muryarsa a bakinsa, mata suna ta yaba kunyar tsofaffin nan biyu. Ɗayan kuma Iya ta ce in zuba shi a wayar na Sabuwa kawai, in kuma ya kuskura ya nuna wa wani ba ta yafe ba. Ya ƙara kwanakin hutunsa har a gama girbin dawa. Yanzu haka yana tsakar gida yana gyara ƙafar rumfa, ita tana gaya wa ginshiƙi cewa a gaya masa ya sha fura kafin ta yi tsami.

Kin ce za ki rubuta wa masu barnamaj ɗin ki gaya musu yana rikicewa a kan sauti mai maimaituwa. Ki rubuta, gaskiya ne, kuma ni daga yau ba na sake tura aiki ban kalle shi har ƙarshe ba. Amma in kin rubuta, ki gaishe su da kyau, ki ce wata tsohuwa a bakin kogi ta ce an gode.

Allah ya bar zumunci, ya haɗa fuskokinmu da alheri. Iya da Inna Sabuwa suna gaishe ki. Yaya Abdussalami ma yana gaishe ki, ni kam ina da ikon faɗin sunansa.

Taki har kullum,
Huda.